Tambayoyi da amsoshi kan littattafan fara koyon dokokin ƙasa da ƙasa da rawar da suke takawa a siyasar duniya

Duk sanda wani yaƙi ya ɓarke ko aka ji wata kotu a birnin Hague ta fitar da hukunci sai tambayoyi su yi ta zuwa, wane littafi zan fara da shi, wai ma dokar nan tana aiki kuwa, me ya sa ake kama wasu a bar wasu. Ga waɗanda aka fi maimaitawa nan na tattaro, musamman saboda ɗalibai masu karanta shari'a ko kimiyyar siyasa, da kuma mai bin labaran duniya da yake so ya riƙa gane abin da ake faɗa da kansa ba sai an fassara masa ba.

Me ake koyarwa a littafin farko na wannan fanni?

Kusan duk tsarinsu ɗaya ne. Za a fara da tarihi a gurguje, sai inda dokar take samo asali, sai su waye dokar ta ɗaure wato ƙasashe da ƙungiyoyi irin su Majalisar Ɗinkin Duniya, sannan a shiga maganar iyakoki da teku da jakadu da yarjejeniyoyi da haƙƙin ɗan'adam da yaƙi da kotuna. A farko-farko za ka haɗu da tambayar mece ce ƙasa, kuma amsar da kowa ke kawowa ita ce ta yarjejeniyar Montevideo ta 1933, dole a samu jama'a zaunannu, da yanki sananne, da gwamnati, da ikon ƙulla hulɗa da sauran ƙasashe. A takarda abin da sauƙi, amma da ka kawo Falasɗinu ko Taiwan ko Kosovo ko Somaliland za ka ga tun daga babin farko siyasa ta shigo, kuma haka za ta bi ka har ƙarshen littafin.

Tunda babu 'yan sanda kuma babu gidan yarin da ake kai ƙasa, anya wannan doka ce kuwa?

Wannan ita ce tambayar da ta fi kowacce zuwa, kuma ba yau aka fara yin ta ba. Tun 1832 wani masanin shari'a ɗan Ingila John Austin ya ce doka ita ce umarnin mai mulki wanda hukunci ke biyo bayan saɓa masa, don haka a wajensa abin da ke tsakanin ƙasashe bai kai doka ba, ɗabi'a ce kawai da aka saba. Duk littafin kirki sai ya tsaya ya amsa masa.

Gaskiyar magana ita ce mafi yawan dokokin nan ana bin su kullum ba tare da kowa ya lura ba. Jirgin sama ya tashi daga wannan ƙasa ya ratsa sararin ƙasashe biyar ya sauka lafiya, yarjejeniyar Chicago ta 1944 ce ke aiki. Wasiƙa ta tsallaka iyaka, akwai ƙungiyar gidajen waya ta duniya tun 1874. Jakada yana zaune a ƙasar da ba ta ga maciji da ƙasarsa amma ba a taɓa shi, yarjejeniyar Vienna ce ta 1961. Kamar dokar hanya ce, motoci dubu su wuce lafiya babu mai ba da labari, ranar da aka yi haɗari ɗaya ita ce kowa zai ji. Louis Henkin, wani malami a Amurka, shi ya yi fice da cewa kusan duk ƙasashe suna bin kusan duk dokokin a kusan kowane lokaci, kuma a kan harkokin yau da kullum maganarsa haka take.

Amma fa kar wannan ya sa a rufe ido. Inda dokar ta fi rauni shi ne daidai inda ta fi muhimmanci ga rayukan mutane, wato yaƙi da mamaya da kisan fararen hula, kuma mutumin da aka rusa wa gida ba zai samu sauƙi ba don an ce masa ai wasiƙu suna isa lafiya. Ni dai littafin da ya tsaya kan misalan nasara kaɗai ban yarda da shi ba, haka ma wanda ya ce duk abin shirme ne. Ka lura da wani abu, ko ƙasar da ta karya dokar ba ta fitowa ta ce babu ruwanta da doka. Amurka a 2003 da za ta shiga Iraƙi sai da ta kafa hujja da tsofaffin ƙudurorin Kwamitin Sulhu, Rasha a 2022 da ta afka wa Yukren sai da ta aika wa Majalisar Ɗinkin Duniya takarda tana cewa kare kai take yi a ƙarƙashin sashe na 51 na kundin Majalisar. Hujjojin ba su gamsar da mafi yawan masana ba, amma tilas ta sa suka kawo su, domin suna buƙatar abokai da kuɗi da mutunci, kuma wanda ya iya karanta dokar shi ne zai iya nuna inda hujjar ta karye.

Toh wa ke yin dokar tunda babu majalisar dokoki ta duniya?

Ƙasashen ne da kansu. Duk littafi zai kai ka sashe na 38 na dokar da ta kafa Kotun Duniya, wato kotun Majalisar Ɗinkin Duniya da ke Hague, inda aka jero yarjejeniyoyi, da al'adar da ƙasashe suka ɗauka a matsayin doka, da manyan ƙa'idojin shari'a da tsarin ƙasashe daban-daban suka yi tarayya a kai, sannan hukunce-hukuncen kotuna da rubuce-rubucen manyan masana a matsayin abin taimako wajen gano dokar. Kaga ashe shi kansa littafin da ke hannunka yana da ɗan gurbi a jerin, shi ya sa lauyoyi ke ambaton wasu marubuta a gaban kotu.

Yarjejeniya ba ta da wuyar ganewa, ƙasa ta shiga ta ɗaure ta, ba ta shiga ba ba ta ɗaure ta ba, kuma ƙa'idojin yadda ake ƙullawa da fassarawa da warwarewa suna cikin yarjejeniyar Vienna ta 1969. Sai dai ka kula, rattaba hannu daban amincewa ta ƙarshe daban, sau da yawa gwamnati za ta sa hannu majalisarta ta ƙi. Al'ada ce ke wahalar da ɗalibai, domin sai an nuna abu biyu, cewa ƙasashe suna yin abin a aikace kuma suna yin sa ne don sun ɗauka wajibi ne ba don kara ko ladabi ba. Sannan akwai wasu 'yan ƙa'idoji da babu yarjejeniyar da za ta iya soke su, ana ce musu jus cogens, irin haramcin kisan ƙare dangi da bauta da azabtarwa.

Ƙudurin Babban Zauren Majalisar Ɗinkin Duniya kuwa galibi shawara ce ba umarni ba, amma na Kwamitin Sulhu idan ya yanke a ƙarƙashin babi na 7 na kundin Majalisar ya hau kan kowace ƙasa mamba.

Wane littafi zan fara da shi?

Ya danganta da abin da ya kawo ka. Idan ba ka taɓa karanta komai a fannin ba, don Allah kar ka fara da manyan nan masu kauri, za su sare maka gwiwa tun kafin ka kai babi na uku. Vaughan Lowe yana da ɗan ƙaramin littafi a jerin gajerun gabatarwa na Oxford, yana shiga aljihu, zai ba ka taswirar fannin gaba ɗaya. Daga nan na Jan Klabbers ya dace, matsakaici ne, harshensa da sauƙi, kuma ba ya ɓoye cewa siyasa na cikin kowace magana. Ga ɗalibin siyasa akwai na Shirley Scott wanda dama don irinsu aka rubuta shi, yana duba dokar ne ta fuskar abin da take yi a siyasar duniya, ba ta fuskar mai shirin tsayawa gaban alƙali ba.

Mai karanta shari'a kuma ko ba jima ko ba daɗe sai ya haɗu da na Malcolm Shaw, ya haura shafi 1000, kusan babu abin da bai taɓo ba, amma littafin dubawa ne, ka buɗe babin da kake buƙata ka rufe. Na Ian Brownlie da ya fara fitowa a 1966, wanda James Crawford ya ci gaba da sabuntawa bayan rasuwarsa, ya fi nauyi a wajen lauyoyi, sai dai a cushe yake, yana ɗauka ka riga ka san abubuwa da yawa. Akwai kuma na Michael Akehurst da aka daɗe ana yabon sauƙinsa, da na Antonio Cassese wanda shi ne shugaban farko na kotun da aka kafa kan laifukan yaƙin tsohuwar Yugoslabiya, don haka yana magana ne a matsayin wanda ya ga aikin da idonsa. Masu karatu da Faransanci su kuma babban abin dogaronsu shi ne na Nguyen Quoc Dinh da Daillier da Pellet.

Shawarata ɗaya ƙarami ɗaya babba, shikenan. Tara littattafai shida a waya ba karatu ba ne.

Akwai bambanci ne tsakanin yadda lauya ke rubutawa da yadda masanin siyasa ke rubutawa?

Sosai ma. Lauya tambayarsa ita ce me dokar ta ce, masanin siyasa tambayarsa me ya sa ƙasashe suka yi dokar kuma yaushe suke bi yaushe suke ƙi. A ɓangaren siyasa za ka ji masu cewa ƙarfi da maslaha ne komai, jagoransu Hans Morgenthau wanda littafinsa na 1948 ya yi tasiri sosai, kuma abin lura shi kansa dokar ƙasa da ƙasa ya fara karantawa kafin ya ga yadda ta kasa tare Jamus ta Hitler. Za ka ji masu cewa ƙungiyoyi da yarjejeniyoyi suna rage zargi tsakanin ƙasashe suna sa haɗin kai ya yi araha. Za ka ji kuma masu cewa doka tana canza abin da ƙasa ke ganin ya dace da ita tun daga tushe, misali yau babu gwamnatin da za ta fito fili ta ce tana cinikin bayi ko tana neman mallakar wata ƙasa a matsayin mulkin mallaka, alhali a da abin alfahari ne.

Wanda ya karanta na lauyoyi kaɗai zai sha mamaki kullum in ya kunna labarai. Wanda ya karanta na siyasa kaɗai kuma zai riƙa cewa an karya doka ko ba a karya ba alhali bai taɓa buɗe sashen da ake magana a kai ba, kuma wallahi wannan ya yi yawa a muhawarar intanet.

Na samu tsohon bugu, zai yi?

Ga babin tushen doka da yarjejeniyoyi da jakadu zai yi, waɗannan ba sa saurin canzawa. Ga kotun manyan laifuka da muhalli da kasuwanci da yaƙi kuwa ka nemi sabo. Littafin da aka buga kafin 2002 bai ga kotun manyan laifuka ta duniya wato ICC tana aiki ba, na kafin 2015 bai san yarjejeniyar Paris kan sauyin yanayi ba, na kafin ƙarshen 2019 zai gaya maka sashen ɗaukaka ƙara na Ƙungiyar Kasuwanci ta Duniya yana aiki alhali ya tsaya cak tunda Amurka ta hana naɗa sabbin alƙalai.

Me ya sa duk littattafan suke farawa da Turai, sauran duniya ba su da tarihi ne?

Wannan tambaya tana da muhimmanci kuma ina jin daɗi idan ɗalibi ya yi ta. Labarin da aka saba bayarwa shi ne Hugo Grotius ɗan Holan ya rubuta littafinsa kan dokar yaƙi da zaman lafiya a 1625, aka yi sulhun Westphalia a 1648, sai littafin Vattel a 1758, daga nan dokar ta bazu duniya. Akwai gaskiya a ciki domin tsarin da ake aiki da shi yau daga can ya ɗauko siffarsa. Amma ƙulla alƙawari tsakanin dauloli ya girmi Turai nesa ba kusa ba, akwai yarjejeniyar sulhu tsakanin Masar ta Fir'auna da daular Hittiyawa tun ƙarni na 13 kafin haihuwar Annabi Isa, kwafinta na hedikwatar Majalisar Ɗinkin Duniya. Kuma Imam Muhammad al-Shaibani almajirin Imam Abu Hanifa, wanda ya rasu a 805, ya rubuta littattafan Siyar inda ya yi bayani filla-filla kan amana ga baƙo da manzanni da fursunonin yaƙi da sulhu, wajen shekara 800 kafin Grotius. Sin da Indiya su ma suna da nasu tsarin. Littafi da yawa layi biyu suke ba duk wannan su wuce.

Abin da ya fi wannan nauyi shi ne yadda aka yi amfani da dokar wajen mulkin mallaka. Shi kansa Grotius abin da ya rubuta kan 'yancin zirga-zirga a teku a 1609 ya samo asali ne daga aikin kare kamfanin kasuwancin Holan da ya ƙwace wani jirgin Fotugal. A ƙarni na 19 masana suka raba duniya gida biyu, masu wayewa da dokar ta kare da sauran da ake iya mallaka, kuma a taron Berlin na 1884 zuwa 1885 aka tsara ƙa'idojin kama yankunan Afirka babu ɗan Afirka ko ɗaya a teburin. Har yau maganar ƙasashe masu wayewa tana nan a rubuce a sashe na 38 ɗin da na ambata. Lokacin da aka kafa Majalisar Ɗinkin Duniya a 1945 ƙasashe 51 ne, na Afirka huɗu kacal, Masar da Habasha da Laberiya da Afirka ta Kudu, yau kuma mambobi 193 ne.

Sai dai sabbin ƙasashen ba watsi suka yi da dokar ba, kama ta suka yi suka juya ta. Ƙuduri mai lamba 1514 na 1960 ya ce mulkin mallaka dole ya ƙare, kuma da wannan hujjar ce Kotun Duniya a 2019 ta ce Birtaniya ba ta kammala ba Morishus 'yanci bisa ƙa'ida ba tunda ta yanke tsibiran Chagos. Wanda ke son wannan ɓangare ya nemi rubutun Antony Anghie kan mulkin mallaka da asalin dokar, da na Taslim Elias wanda ya shugabanci Kotun Duniya daga 1982 zuwa 1985 kuma ya rubuta kan gudummawar Afirka.

Kotun Duniya da kotun ICC ba abu ɗaya ba ne?

A'a, garinsu ne kawai ɗaya, wato Hague. Kotun Duniya wato ICJ reshen Majalisar Ɗinkin Duniya ce, alƙalai 15 masu wa'adin shekara 9, ƙasa ce ke ƙarar ƙasa a can, ba ta kai kowa gidan yari, kuma ba ta sauraron shari'a sai ƙasashen sun yarda da hurumin ta ta wata hanya. Ƙarar da Gambiya ta kai Myanmar a 2019 da wadda Afirka ta Kudu ta kai Isra'ila a Disamban 2023 duk can suke, kuma ƙofar da aka bi ita ce yarjejeniyar hana kisan ƙare dangi ta 1948. ICC kuwa mutane take tuhuma ɗaya-ɗaya, yarjejeniyar Rum ta 1998 ce ta kafa ta, ta fara aiki a Yulin 2002, kuma laifuka huɗu take dubawa, kisan ƙare dangi, laifukan cin zarafin bil'adama, laifukan yaƙi, da laifin kai hari kan wata ƙasa.

Me ya sa manyan ƙasashe ke tsira?

Saboda haka aka gina tsarin tun farko, kuma littafin da bai faɗi haka ƙarara ba ya rage maka wani abu. Kwamitin Sulhu mambobi 15 ne, biyar na dindindin, Amurka da Rasha da Sin da Birtaniya da Faransa, kowacce na iya hawa kujerar naƙi. Waɗanda suka tsara abin a 1945 sun ga yadda tsohuwar ƙungiyar ƙasashe ta bayan yaƙin duniya na ɗaya ta mutu, Amurka ba ta shiga ba, Japan da Jamus da Italiya suka fice, sai suka zaɓi a ba manya wannan gata don su zauna a ciki. An samu zamansu, an kuma biya farashi mai tsada.

Misalin da kowane littafi ke kawowa shi ne na Nikaraguwa. A 1986 Kotun Duniya ta yanke cewa Amurka ta karya doka da ta dasa nakiyoyi a tashoshin jiragen ruwan ƙasar ta kuma tallafa wa 'yan tawayen Contra. Amurka ta ƙaurace wa shari'ar, da aka kai maganar aiwatarwa Kwamitin Sulhu sai ta hau kujerar naƙi. Sin ma ta yi watsi da hukuncin da wata kotun sasanci ta yanke a 2016 kan tekun kudancin Sin wanda Filifins ta yi nasara. A ICC kuma Amurka da Rasha da Sin da Indiya da Isra'ila duk ba mambobi ba ne, Kwamitin Sulhu ya miƙa mata batun Darfur a 2005 da Libiya a 2011 amma na Siriya a 2014 Rasha da Sin suka toshe, kuma shekarunta na farko kusan duk waɗanda ta gurfanar 'yan Afirka ne, don haka ƙorafin da aka yi ba daga sama ya faɗo ba. Daga baya ta fitar da sammacin kama Putin a 2023 da Netanyahu a 2024, sai dai ba ta da 'yan sandan kanta, Omar al-Bashir ya je Afirka ta Kudu a 2015 ya dawo, Putin ya je Mongoliya a 2024 ya dawo. Rodrigo Duterte na Filifins kuwa an kama shi an kai shi Hague a 2025, bayan ya bar mulki kuma siyasar gida ta juya masa baya.

A ɗaya gefen kuma ka tuna da Libiya da Chadi, sun yi yaƙi kan zirin Aouzou, kotu ta ba Chadi a 1994, cikin 'yan watanni sojojin Libiya suka janye. Rikicin Bakassi ma da hukuncin 2002 aka kashe shi. Irin waɗannan rikice-rikicen iyaka su ne inda kotun ta fi ceton rayuka, don tana ba shugaba hanyar ja da baya ba tare da a ce ya ji tsoro ba.

Wane babi ne ya fi kamata in ba lokaci?

Na amfani da ƙarfin soja. Ƙa'idar gajeriya ce, sashe na 2 sakin layi na 4 na kundin Majalisar ya haramta amfani da ƙarfi ko barazana da shi, sai a hali biyu, kare kai idan an kawo maka hari, ko izinin Kwamitin Sulhu irin wanda aka bayar a 1990 don fitar da Iraƙi daga Kuwait. Duk rigimar tana kan gefuna ne, za ka iya kai hari kafin a kawo maka, za ka iya bin ƙungiyar 'yan bindiga cikin ƙasar da ba ita ta kawo maka hari ba, za ka iya shiga don ceton fararen hula ba da izini ba kamar yadda NATO ta yi kan Kosovo a 1999, kuma izinin kare fararen hula da aka bayar kan Libiya a 2011 ya haɗa da kifar da gwamnati ko bai haɗa ba. A nan ne za ka gane inda marubucin ya karkata, don haka wannan babin kam ka karanta shi a littafi biyu.

Kar kuma ka haɗa shi da dokokin yadda ake yaƙin kansa, wato yarjejeniyoyin Geneva huɗu na 1949 da ƙarin 1977. Waɗannan sun hau kan kowane ɓangare, mai gaskiya da marar gaskiya, wanda aka zalunta ma ba shi da izinin kashe fursuna ko kai wa asibiti hari.

Dole sai na haddace shari'o'i?

Ba haddar sunaye ba, fahimtar me aka yi gardama a kai. Kaɗan ne ke ta dawowa, Lotus ta 1927 tsakanin Faransa da Turkiyya kan karon jiragen ruwa, Corfu ta 1949 tsakanin Birtaniya da Albaniya, ta gaɓar Tekun Arewa ta 1969 kan yadda al'ada ke zama doka, ta ma'aikatan jakadancin Amurka da aka tsare a Tehran wadda aka yanke a 1980, sai ta Nikaraguwa. Ka karanta ko da taƙaitawar kotun ce da kanka, kuma in da hali ka leƙa ra'ayin alƙalan da suka saɓa wa rinjaye, sau da yawa a nan ake fito da abin da hukuncin ya kauce wa.

Idan ƙasa ta shiga yarjejeniya, zan iya kafa hujja da ita a kotun cikin gida?

Ya danganta da tsarin mulkin ƙasar. Wasu da zarar an amince an wallafa ta zama doka, kamar Faransa da ƙasashe da yawa da suka gaji tsarinta. Wasu kuma irin Birtaniya sai majalisa ta mayar da ita dokar gida tukuna. Amma a idon sauran ƙasashe ba a karɓar uzurin cewa dokar gida ce ta hana cika alƙawari.

Littattafan da tsada kuma Turancinsu da nauyi, ya zan yi?

Ainihin takardun kyauta suke. Kundin Majalisar Ɗinkin Duniya sashe 111 ne kawai, za ka iya gama shi a zama biyu, kuma yana nan da Larabci da Faransanci da Turanci da sauran harsunan Majalisar. Hukunce-hukuncen Kotun Duniya duk suna shafinta da Turanci da Faransanci, Majalisar kuma tana da laburaren laccoci na bidiyo da sauti kan wannan fanni inda alƙalai da malamai ke bayani ba ko sisi, ƙungiyar Red Cross ta duniya ita ma ta zuba dokokin yaƙi da sharhinsu a intanet. Kalmomin Latin ɗin da ke firgita mutane ba su da yawa, ka buɗe musu shafi ɗaya a littafin rubutunka kana ƙarawa, bayan babi huɗu ko biyar za ka ga su ɗin ne dai ke ta maimaituwa.

Yadda na fi ganin amfani shi ne ka ɗauki labari ɗaya da ke faruwa yanzu ka bi shi da tambayoyi, wace yarjejeniya ce ta shafe shi, ƙasashen sun shiga ko ba su shiga ba, wane sashe kowane ɓangare ke riƙe da shi, akwai kotun da ke da hurumi, in babu wa ke iya matsa lamba kuma da me.

Akwai abin da littattafan farko ba sa taɓowa sosai?

Akwai. Harin intanet tsakanin ƙasashe, jirage marasa matuƙi, makaman da ke zaɓar abin hari da kansu, haƙar ma'adinai a ƙarƙashin teku da sararin samaniya, duk waɗannan dokarsu ba ta gama nuna ba kuma shafi kaɗan ake ba su. Haka ma bashin ƙasashe da shari'o'in da kamfanonin waje ke kai gwamnatoci gaban masu sasanci, inda ake yanke biliyoyin daloli, galibi sai can ƙarshen littafi ake saka su ɗalibi ya riga ya gaji, alhali ga ƙasa matalauciya wannan babin yana iya fin na yaƙi shafar rayuwar yau da gobe. In littafinka ya taƙaita shi, nemi wanda aka keɓe wa dokar zuba jari da kasuwanci ka ɗora daga nan.